Kyauta Mai Tuwon Kara

Duk wanda ya ci kasuwar Maigatari a shekarun baya, in dai ya shiga kara inda ake cinikin shanu da raƙuma, da wuya a ce bai zauna a rumfar Kyauta ba. Rumfa ce ta kwano a gefen gabas, kusa da inda manyan motoci suke juya baya a yi musu lodin dabbobi. Tun hantsin Laraba hayaƙinta yake tashi, ba ya kwantawa sai Alhamis da la'asar sakaliya. Tuwon gero take yi da miyar kuka, da tuwon shinkafa da taushe idan kabewa ta samu, sai romon kai ga wanda kasuwa ta yi wa kyau. Doguwar mace ce, baƙa, mai ƙaramar murya, ba a taɓa jin ta tana kiran mai saye ba. Masu koro shanu daga Damagaram da Tanut ne suke kai junansu, wannan ya ce wa wancan, "Taho mu je wajen 'yar garinmu."

Kuma 'yar garin nasu ce. An haife ta a Tsamiyar Kwari, wani ɗan ƙauye a ƙasar Dungas, can tsallaken iyaka. Bayan haihuwar yayanta Hamma iyayensu sun daɗe ba su sake samu ba, har sun cire rai, sannan ta zo. Shi ya sa aka riƙa kiran ta Kyauta, har sunan yanka ya ɓace. Dalhatu, wani direban motar shanu ɗan Maigatari, shi ya gan ta a wajen biki, ya yi ta sintiri har aka ba shi. A amalanke aka kawo ta ranar tarewa, ba wanda ya tambayi 'yan rakiya takarda. A wajenta iyaka ba ta wuce wani dogon ƙarfe da ake ɗagawa a hanyar mota ba, da wasu masu kaki da suke zama a inuwar darbejiya. Gonar kawunta ma rabi tana nan, rabi tana can.

Auren bai yi tsawon rai ba. Ɗansu Zulkifli yana koyon tafiya Dalhatu ya tafi kai shanu kudu, motar ta kife a wani gangare, a can ma aka binne shi. Da ta fita takaba Hamma ya zo da niyyar mayar da ita gida. Ta ce masa a'a, dangin uban yaron nan a nan suke, a nan za ta riƙe shi. Bai ja da ita ba. Mako na zagayowa sai ga shi da manyan tukwanen ƙarfe biyu a bayan jaki, ya kuma je ya roƙi sarkin kara ya ba ta gefen da za ta kafa murhu. Da tukwanen nan ta raini Zulkifli, da su ta yi masa aure da Tayyiba, da su ta mayar da ɗakinta na kara ya zama na bulo.

Shi Hamma tun yana saurayi yake koro shanu zuwa Maigatari, da fari na mutane, daga baya har da nasa. Duk Laraba da yamma zai iso, ya shigar da dabbobi, ya zo ya zauna a ƙarshen benci ya tuɓe takalmi. Ba su cika hira ba.

"Yaya, an iso?"

"An iso. Ya yaran?"

"Suna lafiya. Ya mutanen gida?"

"Suna gaishe ki."

Sai ta ajiye masa kwano, ta koma kan tukunya. Amma duk makon da ya makara, ma'aikatanta sun san ba za ta daina leƙen hanyar arewa ba.

Da girma ya fara kama shi sai ciwon suga ya same shi. Wani likita a Gumel ya ɗora shi a kan allura, ya ce kada ya yi wasa da ita, kuma kada ya bari maganin ya sha zafi. Gumel ta fi masa kusa da Damagaram nesa ba kusa ba, saboda haka can ya riƙe. Idan maganin ya kusa ƙarewa Zulkifli yakan ɗauke shi a babur bayan an tashi kasuwa, su ga likita, su biya kemis, ya koma gida ya tusa kwalaben a jiƙaƙƙen yashi a gindin randa. Haka ya yi shekaru, yana tafiyarsa da ƙafarsa kamar ba shi da komai.

A daminar 2023, gero ya fara rufe gwiwa, aka ji a rediyo sojoji sun kifar da gwamnati a Yamai. Kyauta ba ta ɗauki abin da zafi ba, don ba wannan ne juyin mulki na farko da ta ji ba, kuma duk waɗanda suka wuce ba su hana kowa cin kasuwa ba. Wanda ya fassara mata sabon zancen shi ne Malam Abduljabbar, tsohon ma'aikacin ƙaramar hukuma daga Gumel, wanda tun da ya yi ritaya yake zuwa duk Alhamis duba raguna na kiwo, da 'yar rediyonsa a aljihun gaba. Ya ce ƙungiyar ECOWAS, wadda mutanen can suke kira Sedeyawo, ta ƙaƙaba wa Nijar takunkumi.

"Malam, wane irin takunkumi kuma? Ni wanda na sani shi ne na bakin jaki, kada ya ci shukar mutane."

Ya yi dariya. "Kusan shi ne, Kyauta. Za a rufe iyaka, a yanke musu wutar da ake ba su daga nan, a tsayar da ciniki. Idan sojojin suka ji matsi, su mayar da mulki."

"Har kasuwar nan?"

"Na ɗan lokaci ne. Ƙasar da ba ta da teku, komai sai ya bi ta wajen maƙwabta, ina za su iya jurewa? Kafin a yanke geron nan magana ta ƙare."

Alhamis ta farko bayan an rufe ta dafa kamar yadda ta saba. Azahar ta yi ko rabin tukunya ɗaya bai tafi ba. Karar da a da sai mutum ya yi ta ture gindin shanu kafin ya wuce, ranar tana tsaye a bakin murhu tana hango katangar ɗaya gefen. Dillalai suna zazzaune a kan sandunansu. Da la'asar ta kira matan unguwa aka rabe tuwon, don kada ya kwana ya lalace.

Daga nan abin ya yi ta bin mutane ɗaya bayan ɗaya. Matan da suke yi mata surfe da tankaɗe ta ce su dakata tukuna. Mai kawo mata ruwa a kura ya koma ƙauyensu wajen Gagarawa. Masu tukar igiya, masu sayar da harawa, masu wanke motoci, kowa ya yi cirko-cirko. Zulkifli, da yake cikin masu lodin shanu, sai ya fita da safe ya dawo da rigarsa fes kamar yadda ya sa ta. Dabbobi ba su daina shigowa gaba ɗaya ba, ana biyowa da su ta cikin gonaki kaɗan-kaɗan, amma kafin su iso wahalar hanya ta hau kan farashinsu, fataken kudu kuma suka rage zuwa. A bakin iyaka manyan motoci suka yi layi da kaya a rufe da tamfol, direbobi suna shimfiɗa tabarma a ƙarƙashinsu. Su ne suka zame mata masu saye na ɗan lokaci. Wani ɗan Agadas da ya ɗauko doya da citta ya zauna yana kallon ruwan ruɓa yana ɗiga daga bodin motarsa, ya ci tuwo, da ya gama ya kifa kai a gwiwa.

Hamma ya zo sau biyu ta hanyar daji, ba shanu, a bayan babur ɗin wani. A zuwa na biyu ta ga ya rame. Ya ce can abinci ya yi tsada, shinkafa sai mai hali, garin Dungas kuma ba wuta sai ƙarar janareta a gidajen manya. Ya karɓi maganinsa ya koma. Daga nan aka fara maganar za a tura soja a yi yaƙi, aka ƙara tsaro ta kowane ɓangare, bai sake zuwa ba.

Gero ya fitar da kai lokacin da Rayhana, babbar 'yar Hamma, ta kira a wayar Zulkifli.

"Gwaggo, jikin Baba ne. Kututture ya soke shi a ƙafa a gona, ciwon ya ƙi warkewa. Allurarsa ta ƙare tuni."

"Ba ku je asibiti ba?"

"Mun je na kusa da mu. Sun ce wadda suke da ita ta lalace da aka ɗauke wuta, sabuwa kuma ba ta zo ba, motocin magani suna tsare a hanya. Shi ne ya hana a gaya miki."

Washegari da sassafe ta shiga motar Gumel ta sayo maganin, ta sa shi a kular abinci ta zuba ƙanƙara, ta naɗe da zani. Zulkifli ya goya ta a babur suka bar kwalta suka bi burtali ta cikin gonaki. Ba su yi nisa ba suka tarar da masu kaki a gindin wani gawo, sun gitta katako mai ƙusoshi. Aka buɗe kular aka duba. Babbansu ya ce ba abin da yake wucewa, mutum ko kaya. Kyauta ta sauka ta durƙusa a yashi, abin da ba ta taɓa yi wa ɗan cikinta ba, ga shi tana yi wa sa'ansa.

"Ɗana, yayana ne, uwa ɗaya uba ɗaya. Ba ni da kowa sai shi."

Mutumin ya kawar da kai. Can ya ce, "Tashi, Inna, don Allah tashi. Ni ma kakata 'yar Magarya ce, can tsallake. Babur ba zai wuce ba, a bakin aikina ne. Ke dai in kin bi ta bayan gonar can da ƙafa, ban gan ki ba."

Zulkifli ya ce su koma a sake dabara. Ta ɗora kular a ka ta ce ya tafi gida. Hanyar da a da take yi a mota kafin shayi ya huce, ranar ta wuni tana yin ta, mace mai shirin cika sittin, yashi yana cin ƙafarta, geron da ya fi ta tsawo ya tare iska. Sai bayan ta tsallaka ta samu mai amalanke ya rage mata hanya. Tana jin ƙanƙarar tana narkewa, ruwan yana bin wuyanta.

Tun daga zaure wari ya gaya mata abin da ake ciki. Hamma yana kwance a rumfar tsakar gida, an ɗora ƙafar a kan turmi a kife, yatsun sun yi baƙi, kumburin ya haura idon sawu. Ya gan ta ya yi ƙoƙarin tashi.

"Ke da wa kika bar wa tukwane?"

"Yaya, haka ka zauna da wannan ƙafar?"

"To, ina za ni? An rufe hanya, an ce mu mutanen nan ne ba mu ji magana ba."

Aka yi masa allurar, amma ko ita ta san abin ya wuce nan. Ta ce gobe sai Gumel, wajen likitan da ya san shi. Da safe aka shimfiɗa masa katifa a amalanke, ita da Rayhana suna gefe suna kore masa ƙuda. Wannan karon jandarmomin Nijar ne suka tare su tun kafin su kai iyaka. Ba su yi musu tsawa ba. Suka ce hanyar kudu a rufe take, ko sun bar su, masu kakin ɗaya ɓangaren ba za su bari ba, su kai shi Damagaram. Daga inda amalanken ya tsaya Kyauta tana hango dogon ƙarfen sadarwa na Maigatari. Aka juya shanun amalanken.

Samun mota zuwa Damagaram ya ci kwanaki, don mai ya yi wuya, direbobi kuma ba sa tashi sai sun cika. A asibitin da aka kai shi ma'aikata sun yi iya yinsu, ana kunna janareta ana kashewa, wani maganin a ce sai an nemo a gari, a zaga gari a rasa. Likita ya duba ya ce da an zo da wuri da yatsu kawai za a cire. Aka yanke ƙafar daga ƙasan gwiwa. Da Hamma ya farfaɗo ya daɗe yana kallon inda zanin ya lotsa, sannan ya ce wa Rayhana ta aika a sayar da sauran shanun, ba mai korar su kuma.

Kyauta ta zauna da shi har aka sallame su, ta mayar da shi ƙauye, sannan ta sake biyo gonaki ta dawo, don Tayyiba ta kusa haihuwa. An yanke gero, an ɗaure, an kai rumbu, iyaka tana nan a rufe. Wata Alhamis tana cikin kwasar tuwo Zulkifli ya zo ya tsaya a bayanta. Da ta waiwaya ta ga wayar a hannunsa ta ajiye mara. Ta ce, "Innalillahi wa inna ilaihi raji'un," ta zauna a ƙasa. Kafin ta samu hanyar tsallakawa an riga an kai Hamma makwancinsa. Abin da ta tarar shi ne tabarmin zaman makoki da sandarsa a jingine a zaure.

Bayan sadakar arba'in Zulkifli ya same ta a ɗaki. Ya ce abokansa biyu sun shiga fasa-ƙwaurin mai da shinkafa ta daji, suna ta jan sa, shi kuma ba ya so, ɗaya ma an harbe shi a cinya. Ya ce akwai wani da ya yi masa hanyar aiki a kasuwar shanu a Ikko, can kudu bakin teku.

"Inna, in na zauna haka zan kai ga abin da ba kya so."

Ta daɗe tana gyara bakin zaninta. "Allah ya tsare. Ka riƙe salla."

Cikin azumi aka ce an janye takunkumi, aka ɗaga ƙarfen iyaka. Yara suka yi ta ihu a bakin hanya, masu babura suna ta zagaye. Kyauta ta wanke tukwanen biyu ta kira mata biyu cikin masu yi mata aiki. Bayan salla kasuwa ta ɗan motsa, amma ba ta koma yadda take ba. Naira ta faɗi ƙasa warwas a gaban sefa, kuɗin Nijar, mai shanu ya sayar a nan ya canza ya ga bai tsira da komai ba. Wasu fataken sun saba da wasu hanyoyi, wasu sun karye, wasu kamar Hamma ba sa duniya. Waɗanda suke zuwa yanzu yara ne da ba su san ta ba.

Malam Abduljabbar ya daɗe bai leƙo ba, sai wata Alhamis ya zo ya zauna, ya yi mata ta'aziyyar da bai samu yi ba. Shi ya ɗauko zancen da kansa.

"Sojojin ba su sauka ba, Kyauta. Suna nan daram, har sun ce sun fice daga ƙungiyar ma. Mutanen can da aka ce za su juya musu baya, sai matsin ya sa suka ƙara rungumar su." Ya juya cokali a kwano. "Amma ni har yau ina tambayar kaina, in ba a yi hakan ba me za a yi? A zuba ido duk wanda ya riƙe bindiga ya hau kujera? Ko a turo soja a yi yaƙi a gonakin nan namu? Da an yi wannan da yanzu ba ma zaune a nan."

"Ban sani ba, Malam," ta ce. Kuma da gaske ba ta sani ba. Ta sha kwana tana juya abin a ranta, ta rasa wanda za ta riƙe: sojojin da ba ta taɓa gani ba, ko manyan da suka zauna a wani gari suka yanke hukunci, ko yaron da ya hana babur wucewa ya kuma bar ta ta wuce. Ta ƙara masa miya.

Shekara ta zagayo, sai kuma hukumar can ta hana fitar da hatsi, daga baya ta hana fitar da dabbobi ana gab da babbar salla. Wannan karon ba wanda ya zo ya fassara mata. Ta sallami matan biyu. Babbar tukunya ɗaya ta ba wa wata maƙwabciya mai dafa abincin biki aro, ba ta kuma nemi a dawo da ita ba. Yanzu ranar Alhamis kaɗai take fita, da tukunya madaidaiciya, kuma gwiwoyinta tun tafiyar nan ta yashi ba su sake komawa daidai ba.

A bana Zulkifli ya aiko cewa ya samu ɗaki, Tayyiba ta taho da yara. Ya ce Inna ma ta biyo su, me ya rage mata a Maigatari. Ta ce a gaya masa ita ba ta iya zaman inda ba ta jin maganar mutane, kuma Rayhana da ƙannenta suna tsallake, in wani abu ya taso wa za su kira.

Ta raka su tashar Gumel. Ta riƙe ƙaramar, wadda aka haifa a watan da Hamma ya rasu, har sai da kwandasta ya ce a shiga. Tayyiba tana kuka ta ce, "Inna, ki yafe mini."

"Ba ki yi mini komai ba, 'yar nan. Ki kula da su. Kada ki bar su su manta Hausa."

Motar ta tashi ta bi hanyar Kano. Kyauta ta tsaya har ta daina ganin ta, sannan ta tsallaka titi ta nemi ta Maigatari. Mutum uku ne kawai a ciki, direban ya ce sai an cika. Ta shiga ta zauna a kujerar baya ta jingina kai da gilashi, tana jira.